Maiurno: Yadda Gidan Attahiru Ya Sari Daji a Bakin Nilu

Wanda ya baro Sinnar a ƙasar Sudan ya miƙi hanyar Sinja, kafin ya ci kilomita 20 zai shiga wani gari da ke kwance a gaɓar yamma ta Bahar Azrak, kogin da wasu ke kira Shuɗin Nilu. Sunan garin Maiurno. Direban da ya ɗauko ka daga Khartum yana iya faɗin sunan sau ɗari bai san abin da yake faɗa ba, amma Basakkwace na ji zai gyara zama. Mai Wurno ne, laƙabin da ake yi wa mai suna Muhammadu Bello, albarkacin Sarkin Musulmi Bello ɗan Shehu, wanda ya raya Wurno ya mai da ita mazauninsa, ya kuma rasu a can a 1837. Garin na Sudan ya ci sunan wanda ya kafa shi ne, Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya. A 1906 ya iso wannan yanki, shekara 3 bayan an kashe mahaifinsa a Burmi.

Mu a nan gida, a Burmi muke tsayar da labarin. A faɗi shahadar Attahiru, a yi masa addu'a, a tashi. Ni kuwa abin da ya biyo baya shi ya fi tsaya mini a rai, domin waɗanda suka tsira daga Burmi sai da suka ci tuwo washegari, sai da suka sami inda za su shuka dawa, sai da wani ya ce musu "ga fili, ku zauna." Wane ne ya faɗi haka, da wane iko, kuma me ya karɓa a madadi? Amsar waɗannan tambayoyi ita ce ta bi jikokinsu har yau.

Da farko ya kamata a san cewa kafa gari a bakin daji sana'ar gidansu ce. Daular Sakkwato ta tsare iyakokinta da ribaɗi, wato garin da ake ginawa da ganuwa a gaban maƙiyi, a zaunar da malamai da mayaƙa da manoma da bayi, su yi noma da damina su yi tsaro da rani. Wurno kanta ribaɗi ce. Kakan Mai Wurno, Sarkin Musulmi Ahmadu ɗan Atiku wanda ya yi mulki daga 1859 zuwa 1866, a ribaɗin Cimmola ya zauna. Baffansa Muhammadu Maiturare shi ya kafa Gwadabawa, ya tara mutane ya buɗe dazukan arewacin Sakkwato. Saboda haka yaron da ya tashi a wannan gida ya san yadda ake zaɓen wuri kusa da ruwa, yadda ake raba unguwanni, yadda ake jawo baƙi da alkawarin gona da kariya. Abin da bai taɓa sani ba shi ne yin wannan aiki a ƙasar da ba ubansa ke mulki ba.

Attahiru ya hau gadon sarauta a watan Oktoba na 1902, bai cika wata 6 ba Turawan Ingila suka iso. Kano ta faɗi ranar 3 ga Fabrairun 1903, Sakkwato ta bi ta ranar 15 ga Maris. Nan gidan Shehu ya rabu biyu a kan tambaya ɗaya ta fiƙihu: ya halatta Musulmi ya zauna ƙarƙashin Nasara? Waziri Buhari ya koma gari ya yi sulhu, bisa hujjar cewa barin jama'a babu jagora ya fi muni. Maiturare ma ya zauna, har daga baya ya zama Sarkin Musulmi a 1915. Attahiru ya zaɓi hijira, ya fuskanci gabas. Ba na cikin masu zagin ɗaya don su yabi ɗaya. Kowannensu ya auna nauyin rayukan mutane ne a wuyansa, kuma kowanne yana da nassin da ya dogara da shi.

Gabas ɗin ma ba a kan tsautsayi aka zaɓe ta ba. Tun zamanin Shehu akwai maganar da ke yawo cewa ƙarshen al'amarin jama'arsa ƙaura ce zuwa gabas, su sadu da Mahadi a wajen Nilu ko a Makka. Wannan magana ta sha tayar da mutane tun kafin Turawa, har sarakunan Sakkwato suka riƙa hana su tafiya. Hayatu ɗan Sa'idu, jikan Bello, ya yi mubaya'a ga Mahadin Sudan tun daga Balda a ƙasar Adamawa. To da labari ya bazu cewa Sarkin Musulmi da kansa ya ɗauki hanya, sai talakawa suka ga alamar da aka daɗe ana jira ta bayyana. Rahotannin Turawa da kansu sun nuna firgicinsu ganin mutane suna barin gonaki a goshin damina suna bin sahunsa, daga ƙasar Kano, Katagum, Misau da Gombe. A Burmi, kusa da dutsen Bima, aka kora Turawa a karon farko cikin watan Mayu. Suka dawo da ƙarin ƙarfi ranar 27 ga Yulin 1903. Attahiru ya faɗi tare da ɗaruruwan mutanensa, shugaban rundunar Turawan, Manjo Marsh, shi ma a nan ya mutu.

Daga Burmi zuwa Sinnar ya haura kilomita 2,000 ko da a miƙe tsuntsu ya bi. Mutanen Mai Wurno a ƙafa suka yi ta, da jakuna da shanu da tsofaffi da goyo, ta ƙasar Chadi da Wadai da Darfur da Kordofan. Masana tarihi sukan ƙiyasta waɗanda suka yi wannan ƙaura da kimanin mutum 25,000. Tafiyar ta ci shekara 3 saboda haka alhazan ƙafa suke tafiya tun fil azal: a tsaya a wani gari a yi ƙodago ko a noma damina guda, a tara guzuri, a ƙara gaba. Wasu sun mutu a hanya, wasu sun yi aure sun zauna inda dare ya yi musu, wasu kamar Alfa Hashim, malamin Tijjaniyya daga gidan Alhaji Umaru Futi, sun wuce har Madina.

Mai Wurno ya yada zango a wani ƙauyen malamai da ke gaɓar gabas ta Bahar Azrak mai suna Shaikh Talha, inda gidan malantar wurin asalinsu Fulani ne daga yamma. Baƙo yana neman inda za a gane harshensa. Daga nan ne ya haye kogi ya sari nasa garin a ɗaya gaɓar.

Yanzu mu zo kan ƙasar da suka tarar. Ana yawan cewa daji ne babu kowa. Gaskiya ne mutane sun yi ƙaranci ƙwarai, amma akwai dalili. Wannan yanki shi ne cibiyar tsohuwar daular Funj ta Sinnar, wadda ta rayu daga 1504 har rundunar Muhammadu Ali na Masar ta rushe ta a 1821. Bayan haka aka yi shekaru ana farautar bayi da karɓar haraji mai tsanani. Sai yaƙe-yaƙen zamanin Mahadi da halifansa Abdullahi, sai yunwar da mutanen Sudan ke kira Sanat Sitta, ta shekarar 1306 bayan hijira, wato 1888 zuwa 1889, wadda ta share ƙauyuka. Kafin Turawan Ingila da Masar su ci Omdurman ranar 2 ga Satumban 1898, gonaki da yawa sun koma kurmi. Kufai ne, kuma kowane kufai yana da masu shi, ko sun mutu ko sun gudu ko sun ragu. Larabawa makiyaya irin su Rufa'a suna ratsa wurin da dabbobinsu kowace shekara. Gidan sarautar Funj yana nan. Can kudu kuma akwai ƙabilun Hamaj da Berta da Ingassana a duwatsunsu.

Aikin da baƙin suka yi ba ƙarami ba ne, kuma duk wanda ya taɓa yin sassabe zai ji shi a kafaɗarsa. Ƙasar wurin baƙar laka ce mai tsagewa, irin wadda Barebari ke kira firki. Da rani takan dare har ƙafar jaki ta faɗa, da damina ta kama ƙafa kamar danƙo. Itatuwanta ƙaya ne. Sai an sare, a tara, a bari ya bushe, a cinna wuta, sannan a bi kututture ɗaya bayan ɗaya. Fartanya ba ta jin daɗin irin wannan ƙasa, don haka manoman Sudan suke shuka da saluka, wani dogon itace mai matakin ƙafa da ake cakawa a buɗe rami a jefa iri. Baƙin suka koya. Sannan ga kogin da kansa: yana cika ya tumbatsa a watan Agusta da ruwan duwatsun Habasha, ya janye bayan damina ya bar gaɓa mai taushi da danshi, wadda ake kira jarf. Bahaushe na ganin jarf ya ga fadama. Albasa, kuɓewa, tumatir, wake, masara, duk suka hau shukawa, masunta kuma suka shiga ruwa. Har yau a garuruwan bakin kogin nan, lambu da su suna cikin sana'o'in da aka san Hausawa da su. Zazzaɓin cizon sauro da cutar kala'azar, wadda ta yi katutu a dazukan Dindir da Rahad da Gadarif, sun ci nasu rabon a cikin masu saran.

Wa ya riƙe gatarin? Wannan tambaya ce da tarihin gidajen sarauta ba ya son a yi. Sunan garin na ɗan sarki ne, amma hannuwan da suka yi kanta na talakawa ne, Fulani da Hausawa da Barebari, da bayin da suka biyo iyayengijinsu, da almajirai, da alhazan da suka tsaya neman guzuri. Ayarin ya taho da bambancin da ke gida bai bar shi a hanya ba, masu asali daban, talakawa daban. Mai Wurno yana da abin da babu wanda ke da shi a wannan nahiya, jinin Shehu, kuma albarkar wannan jini ita ta riƙa jawo mutane. Mai tafiya Makka ya ji cewa jikan Shehu yana bakin Nilu, dole ya ratse ya kai gaisuwa. Da yawa daga cikin masu ratsewar nan ba su ƙara gaba ba.

Abin da ya fi wuyar haɗiya a labarin shi ne cewa Sudan ɗin da suka isa tana hannun Turawan da suka gudo wa. Akwai masu cewa an gudu ba a tsira ba. Ban yarda a taƙaita shi haka ba, domin mutumin da ya rasa ubansa a Burmi ya kuma ja dubban mutane shekara 3 a hanya, haƙƙin da ke kansa shi ne ya samar musu wurin kwana. Amma dole a faɗi cinikin da aka yi. Gwamnatin Khartum tana tsoron duk wani mai ƙanshin Mahadiyya, kuma ta sa wa Mai Wurno ido. A lokaci guda tana cikin matsananciyar buƙatar hannuwan aiki. Ƙasa ta yi faɗi, mutane sun ƙare, an hana cinikin bayi, ga manyan ayyuka a gaba. Layin dogo ya iso Sinnar a 1909. Aka gina madatsar ruwan Sinnar aka gama a 1925, ita ce ta shayar da gonakin audugar Jazira, waɗanda masaƙun Lankasha a Ingila ke jira. Mutanen yamma, waɗanda ake kira Fallata ko Takari, sun yi suna da juriya da arhar lada. Sarkin da zai tara su wuri guda, ya karɓi harajinsu, ya yi musu shari'a, ya tura su inda ake bukata, abin so ne ga gwamnati. Daga baya ma, da Sayyid Abdurrahman ɗan Mahadi ya fara tara dubban Fallata a gonakinsa na tsibirin Aba, Turawa suka ga gara mutanen yamma su taru a wajen jikan Shehu da su taru a wajen ɗan Mahadi. A tsakiyar shekarun 1920 har wani jami'in mulkin mallaka daga Nijeriya mai suna Lethem aka turo ya zaga Sudan ya binciki abin da Takari ke ciki.

Haka aka bar Mai Wurno da laƙabin Sultan, aka ba shi fili, mutanensa suka yi ta kafa ƙauyuka a bakin kogi suna yin kudu wajen Rusairis, wasu suka nufi ƙasar Gadarif. Ya rasu a 1944, ɗansa Muhammadu Tahir ya gaje shi. Sai dai sarautar tasa ta mutane ce. Turawa ba su taɓa ba shi ƙasa mai iyaka wadda za a ce tasa ce da ta ƙabilarsa ba, kuma nan ne gizo ke saƙar.

Baƙin sun zo da fahimtar da kowane manomi a ƙasar Hausa ya tashi da ita: wanda ya sari daji shi ke da gona. Tana da tushe a shari'a. Hadisi ya ce wanda ya raya matacciyar ƙasa, tasa ce, kuma malaman Malikiyya sun yi bayani cewa idan ƙasar tana kusa da gari sai da izinin shugaba, idan tana nesa ba sai da shi ba. A idon mutanen Maiurno an cika sharaɗi: ƙasa ta mutu, hukuma ta yi izini, sun raya ta da guminsu. Amma tsarin da Turawa suka ƙarfafa a Sudan, musamman daga shekarun 1920 da suka rungumi mulki ta hannun sarakunan gargajiya, ya ginu a kan dar. Kowace babbar ƙabila tana da dar, wato ƙasar da aka san ta da ita, da sarkinta, nazir ko mak, a kanta. Wanda ya zo daga baya yana iya noma, yana iya samun shaihun ƙauye ko umda, wato dagaci, amma a ƙarƙashin mai dar yake, ko da ya shekara 100. A wannan tsari, sara ba ya haifar da mallaka. Yana haifar da izinin ci ne kawai. Mutum biyu suna iya tsayawa a kan gona guda, ɗaya ya ce kakana ya tumɓuke kututturen nan, ɗaya ya ce kakana ne ya bar kakanka ya tumɓuke, kuma duk cikinsu babu maƙaryaci.

A Jazira ma haka abin ya kasance. Hawasha, wato kason gonar da ake ba manomi ya noma auduga ya ɗauki kashi 40 cikin 100 na kuɗinta, an tanade ta ne da farko ga 'yan ƙasa. Takari su ne masu shema da tsinkar auduga, suna zaune a bukkokin gefen gona da ake kira kambo. Lokacin da farashin auduga ya faɗi a farkon shekarun 1930 'yan ƙasa da yawa suka yar da hawasha, sai aka miƙa wa mutanen yamma suka riƙe. Da kasuwa ta farfaɗo, sai aka fara tambayar me baƙo ke yi da gonar gwamnati.

Sudan ta sami 'yanci ranar 1 ga Janairun 1956, dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 kuma ta ja layi a kan rana guda: sai wanda shi ko kakanninsa na wajen uba suke zaune a Sudan tun 31 ga Disamban 1897. A duba wannan rana da kyau. Ayarin Burmi ya iso a 1906. Da shekara 9 kacal suka makara, kuma da wannan shekara 9 ɗin yaron da aka haifa a bakin Bahar Azrak, ubansa ma a nan aka haife shi, ya zama sai ya nemo shaidu kafin a ba shi jinsiyya, takardar da babu aikin gwamnati ko mallakar fili mai rajista sai da ita. Daga baya an matso da ranar gaba, dokar 1994 ta mai da ita 1956. Amma kalmar Fallata ta riga ta zama abin gori a bakin wasu. Iyalai da yawa suka bar harshensu suka koma Larabci tsantsa don 'ya'yansu su huta. Wannan yana yi mini ciwo, ko da yake ba zan ga laifin uban da ya yi haka ba. A Maiurno dai Fillanci da Hausa sun rayu tare da Larabci, har garin ya fitar da masanin harsuna irin Farfesa Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Khartum, wanda ya ƙarar da shekarunsa yana nazarin yadda harsunan nan biyu suka zauna a Sudan. Kuma duk wanda ya tsaya gaban mai agashe a Omdurman ya ga nama da ƙuli da yaji a kan wuta, ya san tsire ne ya yi hijira shi ma.

A 1970 gwamnatin Numairi ta yi dokar da ta mai da duk ƙasar da ba ta da rajista mallakar gwamnati, ta kuma rushe mulkin sarakunan gargajiya a wannan tsakani. Mai ganin daga nesa zai ce ai an daidaita kowa ke nan. Abin da ya faru shi ne aka yanka dazukan Gadarif da Sinnar da Damazin manya-manya aka ba attajirai da manyan ma'aikata masu tarakta. Ƙaramin manomi ya matsu, makiyayi ya rasa burtali, kuma wannan ya shafi mai dar da baƙo baki ɗaya. Berta da Hamaj da Ingassana, waɗanda kakanninsu suka sha farautar bayi, suka ga ƙasarsu tana tafiya a takarda. Madatsar Rusairis ta 1966, da ƙarin tsayin da aka yi mata aka gama a 2013, ta tashi ƙauyuka ta cinye gaɓa. Idan fili ya ƙuntata, wanda ake gani kullum a kasuwa shi ake fara tuhuma, mai tarakta kuwa yana Khartum.

Da wannan idon ya kamata a kalli abin da ya faru a jihar Bahar Azrak a watan Yulin 2022. Hausawan jihar, waɗanda da yawansu zuriyar alhazai da 'yan ƙodagon da suka zo bayan Mai Wurno ne, sun nemi a ba su tasu masarautar gargajiya. A wurinsu neman murya ne, bayan ƙarni guda suna noma suna biyan haraji ta hannun wasu. A wurin masu dar kuwa, masarauta tana nufin ƙasa, kuma ba da ita yana nufin yanke wani yanki na abin da ya rage musu. Siyasar da ta biyo bayan yarjejeniyar zaman lafiya ta Juba ta 2020, tsakanin gwamnati da ƙungiyoyin 'yan tawaye, ta ƙara rura wutar. Aka kashe mutum fiye da 100 a wannan wata, dubbai suka bar gidajensu a Rusairis da kewaye, Hausawa suka fito zanga-zanga a Kasala da Gadarif da Khartum. A watan Oktoba rikicin ya sake tashi a Wad al-Mahi, aka rasa rayuka kusan 200. Babu hujjar da za ta wanke ƙona gida da mutane a ciki, kuma cewa mutumin da kakan kakansa ke kwance a maƙabartar gari baƙo ne zalunci ne tsagwaronsa. Amma mu ma da muke jin zafin abin daga Kano da Damagaram, bai kamata mu ɗauka cewa waɗancan ba su da abin da suke tsoro ba. Mun san irin wannan gardama ta ɗan ƙasa da baƙo a Jos da Zangon Kataf, mun kuma san cewa a wasu wuraren mu ne masu cewa wani baƙo.

Ba a gama jinyar wannan ba yaƙi ya ɓarke tsakanin sojojin Sudan da dakarun RSF, wato rundunar kai ɗaukin gaggawa, ranar 15 ga Afrilun 2023. A ƙarshen Yunin 2024 Sinja ta faɗa hannun RSF, Sinnar ta rage a hannun soja, Maiurno kuma tana kan hanyar da ta haɗa garuruwan biyu. Mutanen jihar suka kwashi abin da za su iya ɗauka suka haye kogunan Dindir da Rahad cikin ruwan damina suka nufi Gadarif, a ƙafa da kan jakuna, da tsofaffi da goyo. A cikinsu akwai jikokin waɗanda suka taso daga Burmi, sun sake fuskantar gabas. Soja sun karɓe Sinja a watan Nuwamba na wannan shekara, wasu suka fara komawa su ga abin da ya rage na gidajensu da gonakinsu.